Yusufu Bala Usman da Tarihin Katsina-Laka: Tarken Aikinsa ta Fuskar Ƙanƙara, Faskari da Sabuwa

1.0 Gabatarwa

Manufar wannan takarda ita ce ta yi tarken aikin da marigayi Dokta Yusufu Bala Usman ya share rayuwarsa yana yi a kan tarihi da siyasa da al'adun Nijeriya. Ba yabo muka zo yi ba, domin masu yabonsa sun riga mu, kuma shi kansa bai ɗauki yabo a bakin komai ba. Abin da za mu yi shi ne mu ɗauko babban ra'ayin da ya gina aikinsa a kai, mu aza shi bisa ma'auni guda, watau yankin kudu maso yammacin ƙasar Katsina, inda Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa suke, mu ga ko zai ɗauki nauyin.

Dalilin zaɓen wannan yanki a fili yake. A nan ne, ranar 11 ga Disamba 2020, aka kwashi ɗalibai fiye da 300 daga Makarantar Sakandaren Kimiyya ta Gwamnati da ke Ƙanƙara. A nan ne, cikin watan Yuni na wannan shekarar, aka kashe mutane masu yawa a Kadisau ta ƙasar Faskari. Tun daga lokacin, bayanin da ya fi yawo a bakin jama'a shi ne wai tsohuwar gaba ce tsakanin Hausawa da Fulani ta farfaɗo, wadda aka ce ta faro tun jihadi. Wannan kuwa shi ne ainihin bayanin da Bala Usman ya yi shekara talatin yana rusawa. Idan shi ke da gaskiya, to ana neman maganin ciwon a inda ba nan yake ba. Idan kuwa ya yi kuskure, wajibi ne a faɗa.

2.0 Mutumin da Ayyukansa

An haifi Yusufu Bala Usman a Musawa a 1945, a cikin gidan sarautar Katsina, domin jika ne ga Sarki Muhammadu Dikko. Ya yi karatu a Kwalejin Gwamnati ta Kaduna, ya sami digirin farko a Jami'ar Lankasta ta Ingila, ya koyar a Kwalejin Barewa, sannan ya shiga Sashen Tarihi na Jami'ar Ahmadu Bello, Zariya, inda ya yi digirinsa na uku a ƙarƙashin Farfesa Abdullahi Smith, ya kammala a 1974. Daga wannan kundi ne littafinsa The Transformation of Katsina ya fito a 1981, wanda ya bi tarihin ƙasar daga 1400 zuwa 1883.

Bai tsaya ga tarihin dauri kaɗai ba. Shi ya tace takardun taron Sakkwato na 1975 a kan daular Usmaniyya, aka buga su a 1979. A wannan shekarar kuma aka buga For the Liberation of Nigeria. A 1986 ya fitar da littafi a kan Nijeriya da Asusun Ba da Lamuni na Duniya, a 1987 kuma The Manipulation of Religion in Nigeria. A 2000, shi da Alƙasum Abba suka wallafa The Misrepresentation of Nigeria. Ta fuskar aiki kuwa, yana cikin kwamitin tsara kundin mulki da Janar Murtala Muhammad ya kafa a 1975, inda shi da Dokta Segun Osoba suka ƙi sa hannu a rahoton masu rinjaye, suka rubuta nasu a 1976. Ya riƙe muƙamin Sakataren Gwamnatin Jihar Kaduna a mulkin jam'iyyar PRP. Gwamnatin soja ta kore shi daga jami'a a 1989, kotu ta mayar da shi. Ya rasu a Zariya ranar 24 ga Satumba 2005.

Mai duban wannan jeri zai iya zaton ayyuka ne barkatai. A ganinmu aiki ɗaya ne, tambaya ɗaya kuma yake bi tun daga farko har ƙarshe: yaya al'umma take kafuwa, kuma wa ke cin moriyar labarin da ake bayarwa game da kafuwarta?

3.0 Hanyar Nazarinsa

Kafin zamanin Smith da almajiransa, tarihin ƙasar Hausa a rubuce na tafiya ne bisa turbar da Turawan mulki irin su Palmer suka shimfiɗa. A wannan turba, kowane canji baƙo ne ya kawo shi: wani jarumi ya zo daga gabas ya kafa sarauta, wata ƙabila mai farar fata ta zo ta mallake wata, har aka kai ga jihadin 1804, wanda aka kira cin ƙasar Haɓe da Fulani suka yi. Tarihi ya zama jerin ƙabilu suna hawan juna.

Bala Usman ya ƙi wannan ta hanyoyi uku. Na farko, ya fara da ƙasa kanta: irin turɓayarta, da ruwanta, da duwatsunta, da ma'adinanta, da abin da mutane ke nomawa da saƙawa da ƙerawa a kanta. Na biyu, ya ɗauki ƙaura a matsayin al'adar ƙasar ta yau da kullum, ba abin da ke faruwa sau ɗaya a ƙarni ba. Bakatsine a wurinsa ba jini ba ne. Mutum ne da ya zauna, ya yi sana'a, ya yi auratayya, ya shiga ƙarƙashin tsarin sarauta, ko kakansa Bawangare ne, ko Babarbare, ko Buzu, ko Bafillace. Na uku, ya ƙi karɓar kowace shaida ba tare da ya tuhume ta ba. Misalin da ya fi shahara shi ne nazarinsa a kan Heinrich Barth, Bajamushen da ya sauka Katsina a 1851 zamanin Sarki Muhammadu Bello. Manazarta sun daɗe suna ɗaukar maganar Barth kamar yankan wuƙa. Shi kuwa sai ya tambaya: da wa Barth ya zauna, wa ya yi masa tafinta, wane saɓani ya shiga tsakaninsa da fada, kuma da wane tunani game da launin fata ya baro Turai? Wannan tambaya ita ce ya yi wa labaran baka na fada, ita ce kuma ya yi wa rubuce-rubucen masu jihadi.

Sakamakon haka shi ne ya karanta jihadi a Katsina a matsayin rushewar wani tsarin mulki, watau tsarin sarauta, wanda ya kasa ɗaukar sababbin jama'a da sabuwar dukiya da sabon ilmi da suka taru a ƙarƙashinsa, da kuma kafuwar wani tsarin a gurbinsa. Rikici ne a cikin gida, ba mamaya daga waje ba.

4.0 Katsina-Laka a Bisa Wannan Ma'auni

Kudancin ƙasar Katsina shi ake kira Katsina-Laka, saboda ƙasarsa mai nauyi ce, mai riƙe ruwa, ba kamar jigawar arewa ba. Damina ta fi tsawo, auduga da dawa suna yi, ga duwatsu da dazuzzuka da suka zama mafaka ga mai gudun yaƙi da mai gudun haraji. Idan muka bi hanyar Bala Usman, abubuwa uku za su bayyana.

Abu na farko, yankin ba bayan gari ba ne a tarihin Katsina. Sarautun da ake riƙe da su har yau shaida ne. Hakimin Ƙanƙara Sarkin Pauwa ne, hakimin Sabuwa kuwa Kogo ne, Pauwa da Birnin Kogo kuma tsofaffin garuruwa ne da suka riga hedikwatocin yanzu. Haka Maska da Gozaki suke a gabas da su. Labarin baka ma na cewa Muhammadu Korau, wanda ake danganta kafuwar sarautar Birnin Katsina da shi a ƙarni na 15, daga 'Yandoto ya fito, 'Yandoto kuwa tana dab da wannan yanki ta yamma. Ke nan ƙasar Katsina ba daga birni ta bazu zuwa ƙauye ba; cibiyoyi da yawa ne suka haɗu suka yi ta.

Abu na biyu, iyakar da ke tsakanin Katsina da Zamfara a yau sabuwa ce. 'Yandoto da Kwatarkwashi ƙasar Katsina ce a da. Sarkin Tsafe har yanzu 'Yandoto ake ce masa, Sarkin Gusau kuma Sarkin Katsina. Jihar Katsina a 1987 aka yi ta, Zamfara a 1996, amma dajin da ya tashi daga Kogo ya haɗe da Kuyambana da Kamuku bai san da wannan ba, haka ma hanyoyin fatake da burtalin shanu. Duk wanda ya fahimci wannan ba zai yi mamakin yadda fitinar da ta kunno kai a Zamfara ta kwararo Faskari da Sabuwa ba, ba kuma zai sa ran sulhun da jiha ɗaya ta ƙulla ita kaɗai, irin na 2019, ya ɗore ba.

Abu na uku, kuma mafi muhimmanci, shi ne abin da ya auku a 'Yandoto lokacin jihadi. Garin malamai ne, ya shahara da karatu tun kafin a haifi Shehu. Malamansa suka ƙi bin jama'ar Shehu, Muhammadu Bello ya yaƙe su, ya kuma kawo labarin da kansa a cikin Infaƙul Maisuri. A nan malamai ne suka fuskanci malamai, a kan hujja da kuma wanda ya cancanci a bi. Idan muka ƙara da cewa Malam Abdussalami na Gimbana, wanda a kan jama'arsa wutar ta fara kamawa, ba Bafillace ba ne, haka ma Yakubun Bauchi da aka ba tuta, sai mu ga bayanin ƙabila ya kasa tsayawa da ƙafarsa.

To, idan ba gabar jini ba ce, mene ne? Hanyar Bala Usman tana tilasta mu mu koma ga ƙasa da wanda ya mallake ta. Tun da jirgin ƙasa ya ratsa Funtuwa zuwa Gusau a ƙarshen shekarun 1920, auduga ta mai da yankin wurin neman kuɗi, baƙi suka yi ta sauka suna sheme daji. A 1975 aka buɗe shirin bunƙasa noma na Funtuwa da rancen Bankin Duniya, wanda ya haɗa har da gundumomin Ƙanƙara da Faskari. Ya kawo takin zamani da hanyoyi da irin masara, ƙasa ta yi daraja, masu hali daga birni suka shigo sayen gonaki. Dokar wuraren kiwo ta 1965 tana nan a takarda, amma gona ta ci burtali, ta ci mashaya. Dokar mallakar ƙasa ta 1978 ta sa ƙasa a hannun gwamna, wanda ya san hanyar ofis ya sami takarda, wanda bai sani ba ya zama baƙo a inda aka binne kakansa. Farin 1973 da na 1984 suka turo jama'a da dabbobi kudu, ciwon bushiya na 1983 ya karkashe shanu. Bisa wannan duka sai a ɗora tarar zalunci a kotu da ofishin 'yan sanda, da satar shanu da ba a bi kadinta ba, da 'yan sa-kai masu yanke hukunci a kasuwa, da bindigogin da suka malalo bayan rushewar Libiya a 2011. Ruwa ba ya tsami banza. Ba ɗaya daga cikin waɗannan da ke bukatar a koma 1804 kafin a gane shi.

Wannan ba wanke mai laifi ba ne. Wanda ya ƙone rumbu, ya sace yaro, ya kashe mai sallah, ɗan ta'adda ne, kowane harshe yake ji. Abin da nazarin ke nunawa shi ne makiyayin da aka kore wa garke da manomin da aka hana shiga gona duk abu guda ya ci su, kuma mai amfana da a kira abin yaƙin ƙabila shi ne wanda ba ya so a tambayi inda burtali ya tafi.

5.0 Tarihi da Siyasa a Wurinsa

Nan ne littattafansa na siyasa suke haɗuwa da na tarihi. Abin da ya faɗa game da addini a 1987 shi ne masu mulki da masu dukiya suna jujjuya shi don su raba talakawa, su ɓoye abin da suke ci. Abin da shi da Alƙasum Abba suka faɗa a 2000 shi ne ƙabilun da ake magana a kansu kamar tun ran gini suke, su ma tarihi ne ya ƙera su, wasunsu ma a ƙarni na 20 suka ɗauki kamannin da aka san su da shi, don haka masu cewa a raba Nijeriya bisa layin ƙabila suna neman layin da babu shi. Hujjar da ya kafa a kan Katsina ita ce ya faɗaɗa ta rufe ƙasa baki ɗaya. Wannan daidaito na tunani, daga kundin 1974 har zuwa rasuwarsa, shi ne babban ƙarfin aikin, kuma da wuya a sami irinsa a tsakanin masanan zamaninsa.

6.0 Inda Aikin Ya Rage

Duk da haka, akwai wurare huɗu da muke ganin aikin bai kai ba, kuma ɓoye su rashin adalci ne ga mutumin da ya koyar da tuhumar kowace shaida.

Na farko, ra'ayin jujjuyawa yana bayyana mai jujjuyawar, amma bai cika bayyana wanda ake jujjuyawa ba. Gaskiya ne ƙabila ƙirar tarihi ce, amma abin da tarihi ya ƙera yana iya yin ƙarfi har ya kashe mutum. Ranar da aka tare mutum a hanyar kasuwar Sheme aka dubi fuskarsa da rigarsa kafin a yanke masa hukunci, ƙabila ta zama gaskiya a wannan wuri, ko da masani ya tabbatar ba ta da asali. Aikin Bala Usman ya ba mu makamin rushe ƙaryar asali, amma bai ba mu isasshen bayani a kan yadda tsoro da ramuwa suke mai da ƙarya ta zama katanga ba. Haka nan wanda ya ɗauki addini da zuciya ɗaya, ba don wani ya biya shi ba, bai sami wuri mai faɗi a littafin 1987 ba.

Na biyu, shaidun da aka gina tarihin Katsina a kansu, na baka da na rubuce, yawancinsu daga fada da zauren malamai da dattawan gari suke fitowa, domin su ne masu ajiye labari. Muryar ruga, da ta Bamagujen ƙauye, da ta matan da ke kaɗi da saƙa, ba ta kai tasu ƙarfi ba. Ga yanki irin Faskari da Sabuwa, inda daji da mazauna cikinsa suke rabin labari, wannan giɓi ne babba.

Na uku, littafin ya tsaya a 1883, ƙarshen zamanin Sarki Ibrahim. Abubuwan da muka lissafa a sama, tun daga auduga har zuwa shirin Funtuwa, duk bayan nan suka faru. Ya taɓo irinsu a maƙalu da laccoci, amma siyasar ƙasa ta janye shi, bai zauna ya yi wa Katsina ta ƙarni na 20 irin aikin da ya yi wa ta dauri ba. A nan ma akwai tambayar da ta shafi gwamnatin da ya yi wa aiki. Soke haraji da jangali da gwamnatocin PRP na Kaduna da Kano suka yi a 1979 adalci ne, domin an daɗe ana tatsar talaka da su. Sai dai jangali, duk da muninsa, shi ne ke sa hukuma ta san arɗo, ta san yawan shanu da inda suke kwana. Da aka cire shi, ba a kafa wata igiya ta adalci a madadinsa ba, sai makiyayi ya zama ba ya ba hukuma komai, ita ma ba ta ba shi komai. Wannan ra'ayinmu ne, muna kuma ganin ya cancanci bincike na musamman.

Na huɗu shi ne harshe. Manyan littattafansa da Turanci ya rubuta su. Mujallar Fitila ta kai wasu ra'ayoyinsa na siyasa ga masu karatun Hausa a shekarun 1980, amma tarihin Katsina, wanda dattawan ƙasar suka ba da labarinsa da Hausa, ya koma musu cikin harshen da yawancinsu ba sa ji. Sakamakon haka, a dandali da shafukan Facebook, tatsuniyar Palmer ce ke yawo da rigar Hausa, amsar da aka ba ta tun 1974 kuwa tana kulle a ɗakin karatu na jami'a.

7.0 Kammalawa

A taƙaice, mun auna babban ra'ayin Yusufu Bala Usman da yankin Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa, mun ga ya ɗauki nauyin. Sarautun yankin, da tarihin 'Yandoto, da yadda ƙasa ta sauya hannu a ƙarni na 20, duk sun goyi bayan cewa ƙasa da sana'a da mulki ne suke haɗa mutane su kuma raba su, ba jini ba. Mun kuma nuna cewa ra'ayin bai gama bayyana ƙarfin da ƙabilanci ke samu bayan an zubar da jini ba, kuma akwai muryoyi da shekaru da ba su shiga littafin ba.

Saboda haka muna ba da shawara uku ga wannan taro. A samar da tarihin Katsina na Bala Usman cikin Hausa mai sauƙi, a sa shi a hannun malaman makarantu da masu wa'azi da gidajen rediyo. Sassan tarihi na jami'o'in Katsina da Dutsin-Ma da Zariya su ɗauki tarihin ƙasa da kiwo a Katsina-Laka daga 1903 zuwa yau a matsayin aiki na gaggawa, su nemi taswirar burtali da wuraren kiwo da ke cikin kundayen En'e. A kuma ɗauki labaran dattawan yankin, na gari da na ruga, har da waɗanda gudun hijira ya kai Funtuwa da Malumfashi da Katsina, tun suna raye, domin garin da aka tashe shi ba gidaje kaɗai yake rasawa ba, har da masu sanin iyakar gonakinsa. Ran da za a zauna sulhu na gaskiya, wannan sani shi za a nema, kuma ba a fafe gora ranar tafiya.